Kalmar « héméralopie » da takwararta ta hausa « dundumi »: ma'ana da amfani

Taƙaitawa

Wannan takarda tana duba kalmar likitanci « héméralopie », da abin da take nufi a cikin aikin ido, da dalilin da ya sa faransanci da ingilishi suka ba ta ma'anoni biyu masu karo da juna. Muna nuna cewa hausa tana da kalmar da ta dace, wato « dundumi », kuma muna ba da shawara bisa yadda za a yi amfani da ita a rubutun kimiyya.

1. Gabatarwa

An taɓa kawo mana wata takardar faɗakarwa da aka fassara daga faransanci zuwa hausa domin matan karkara, aka nemi mu duba ta kafin a buga. A inda asalin ya ce « héméralopie », mai fassara ya rubuta « makantar rana ». Da muka tambaye shi dalili, sai ya ce ya bi asalin kalmar, ya tarar hêmera a girkanci rana ce. Binciken nasa daidai ne, amma fassarar ta juya ma'anar gaba ɗaya, domin a faransanci « héméralopie » raunin gani ne da magariba da dare. Da an buga takardar haka, da an umurci iyaye mata su kai asibiti yaran da ba su gani da rana, a bar waɗanda ake nema a gida.

Wannan kuskure yana da tarihi mai tsawo, kuma yana koya mana wani abu game da ƙirƙirar kalmomin fannu. Za mu fara da abin da kalmar ke nuni gare shi a cikin ido, sannan mu koma ga siffarta, daga ƙarshe mu duba hausa.

2. Abin da kalmar ke nuni gare shi

A can bayan ƙwayar ido, daga ciki, akwai wani siririn tantani da haske ke sauka a kansa. Shi ne faransanci ke kira « rétine ». A nan za mu kira shi tantanin gani. A cikinsa akwai ƙwayoyin halitta iri biyu masu karɓar haske, waɗanda aka raɗa wa suna bisa siffarsu: « bâtonnets », wato ƴan sanduna, da « cônes », waɗanda za mu kira ƴan mazurarai saboda tsininsu. Ƙididdigar da Christine Curcio da abokan aikinta suka buga a 1990 ta ba da matsakaicin ƴan sanduna miliyan 92 da ƴan mazurarai miliyan 4,6 a idon mutum guda.

Tun 1866 Bajamushe Max Schultze ya lura cewa dabbobin dare, irin su mujiya da jemage, ƴan sanduna ne suka fi yawa a idanunsu, tsuntsayen rana kuwa ƴan mazurarai. Daga nan ya fahimci rabon aiki: ƴan mazurarai suna aiki cikin haske mai yawa, su ne ke bambanta launi da ƙananan abubuwa, ƴan sanduna suna aiki cikin haske kaɗan, kuma ba su san launi ba. Wannan ne ya sa a farin wata muke gane siffar riga amma ba mu iya cewa ja ce ko kore. Shi ne kuma ya sa tauraro mai raunin haske ya fi fitowa idan an ɗan kau da ido gefe, domin tsakiyar tantanin gani, wurin da ake kira « fovéa », ba ta da ƴan sanduna.

Abin da ke kama haske a cikin ƴan sanduna wani sinadari ne mai launin ja, wanda Franz Boll ya gano a idon kwaɗo a 1876, Wilhelm Kühne kuma ya zurfafa bincikensa. Sunansa « rhodopsine ». Yana da sassa biyu: wani furotin mai suna « opsine », da wani ƙaramin sinadari mai suna « rétinal », wanda jiki ke samarwa daga bitamin A. George Wald ne ya nuna wannan dangantaka tun daga 1933, aikin da ya kai shi ga lambar Nobel a 1967. Idan haske ya faɗa wa rétinal, sai siffarsa ta sauya daga lanƙwasasshe zuwa miƙaƙƙe, wannan sauyi ya tayar da saƙon da jijiyar ido ke kai wa ƙwaƙwalwa. Bayan haka dole a mayar da shi siffarsa ta farko kafin ya sake aiki. Wanda ya fito daga rana tsaka ya shiga ɗakin soro ya san wannan jira: da farko ba ya ganin komai, sannu a hankali kayan ɗaki suna fitowa, kuma cikar sabawa da duhu tana ɗaukar wajen minti 30.

A kowane zagaye ana asarar wani kashi na rétinal, don haka ido yana bukatar jini ya riƙa kawo masa sabon bitamin A daga ajiyar da ke cikin hanta. Idan ajiyar ta ƙare, ƴan sanduna ne ke fara gazawa. Mutum yana gani lafiya lau da rana, amma da zarar rana ta faɗi sai ya shiga lalube. Wannan hali shi ne « héméralopie » a faransanci.

3. Asalin ruɗanin

Tsohuwar kalmar girkanci ita ce nuktalôps. Ana iya yanka ta hanyoyi biyu:

(1) nukt- « dare » + alaos « makaho » + ôps « ido »: makahon dare
(2) nukt- « dare » + ôps « ido, gani »: mai gani da dare

Duka karatun biyu sun daɗe. A cikin rubuce-rubucen da ake jinginawa ga Hippocrate akwai wurin da kalmar ta zo da ma'ana ta (2), Galien kuwa, a ƙarni na 2, ya bayyana ta da ma'ana ta (1). Bisa samfurinta aka gina kishiyarta da hêmera « rana », ita ma ta gaji harshen damon. Ingilishi ya riƙe karatu na (1), faransanci ya riƙe na (2), sai aka samu wannan tsari:

(3) raunin gani da dare: faransanci héméralopie, ingilishi nyctalopia
(4) raunin gani da rana: ingilishi hemeralopia
(5) iya gani da dare, kamar kyanwa: faransanci nyctalopie

A faransanci ke nan, « héméralope » shi ne wanda ke gani da rana kawai. Saɓanin ya shiga har cikin kundin rarraba cututtuka na Ƙungiyar lafiya ta duniya (OMS), bugu na 10, wanda aka amince da shi a 1990. A kofin faransanci, lamba E50.5 ta haɗa rashin bitamin A da « héméralopie ». A kofin ingilishi kuwa, « hemeralopia » tana ƙarƙashin lamba H53.1, tare da raunin gani da rana. Wasu likitocin Faransa suna amfani da « hespéranopie », daga hespera « maraice », ko kuma « cécité nocturne », domin kauce wa tarkon.

Ga mai nazarin harshe, tushen matsalar a bayyane yake: harɗaɗɗiyar kalma tana jera sassa biyu, amma ba ta faɗin dangantakar da ke tsakaninsu. Hausa ma haka take da mahaɗin -n da -r:

(6) maganin sauro: abin da ke korar sauro
(7) maganin barci: abin da ke kawo barci

Ginin ɗaya ne, dangantakar ta saɓa, kuma al'ada ce kaɗai ke gaya wa mai sauraro wadda ake nufi. Abin da Saussure ya kira « motivation relative » yana taimakon hadda, amma ba ya tabbatar da ma'ana. Mai fassarar da muka ambata ya amince da sassan kalmar fiye da yadda likitoci ke amfani da ita.

Wannan batu ya shafe mu kai tsaye saboda matsayin hausa tsakanin harsunan mulki biyu. Takardun kiwon lafiya suna ƙetare iyaka tsakanin Kano ko Katsina da Maraɗi ko Damagaram. Manyan ƙamusoshinmu na dauri, na Bargery (1934) da na Abraham (1949), da ingilishi aka yi bayaninsu, yayin da ƙaramin ƙamus na Abdou Mijinguini (1987) ya bi ta faransanci. Ɗalibin da ya ɗauki kalma daga ingilishi ya sauya mata ƙarshe kawai, daga -ia zuwa -ie, zai rubuta akasin abin da yake nufi.

4. « Dundumi » a hausa

Dundumi suna ne, namiji, kuma ana amfani da shi kamar sauran sunayen cututtuka:

(8) Yaron nan yana da dundumi.
(9) Dundumi ya kama ta tun da cikinta ya tsufa.

Kalmar ba ta ƙunshi « dare » ko « rana » ko « ido » a jikinta ba, saboda haka babu sassan da za a karanta a juye. Ma'anarta ta zo daidai da ta (3): mai dundumi yana gani da rana, da almuru kuwa yana tuntuɓe da turmi, yana laluben akushi. Masu magana suna bambanta shi da makanta, wadda ba ta da dare ko rana, da kuma hakiya, wadda ake ganin farinta a kan ido. Dundumi ba ya barin wata alama da ake gani daga waje.

Wannan siffa ta ƙarshe ita ce ta ba kalmar muhimmanci a aikin likita. A tsarin OMS na matakan lalacewar ido saboda rashin bitamin A, raunin gani da dare yana ɗauke da alamar XN, kuma yana cikin alamomin farko, kafin bushewar baƙin ido (X2) da narkewarsa (X3), wadda ke kai ga makantar da ba ta warkewa. Matakin X1B, wato ɗigon da Pierre Bitot ya bayyana a 1863, ana ganinsa da ido. XN kuwa, a ƙauye, tambayar uwa ake yi, kuma masana irin su Alfred Sommer sun nuna cewa amsar tana inganta idan an yi tambayar da kalmar da mutanen wurin suka sani. A Indonisiya, inda Sommer ya yi aiki, ana kiran ciwon « makantar kaza », haka ma a rashanci, abin da ya dace da lurar Schultze game da tsuntsayen rana. Ma'aunin OMS shi ne, idan XN ya wuce kashi 1 cikin 100 na yaran da ba su isa shiga makaranta ba, lamarin ya zama matsalar lafiyar al'umma. Kalmar da aka sa a takardar tambaya ke nan tana iya ɗaga wannan adadi ko ta ɓoye shi.

Abin da ke bayan adadin ya wuce ido. Gwajin da Sommer da abokan aikinsa suka buga a 1986, wanda aka yi a lardin Aceh, ya nuna raguwar mutuwar yara da kashi 34 cikin 100 a ƙauyukan da aka raba bitamin A. Adadin da OMS ta tsayar na rigakafi shi ne 100 000 UI ga jariri mai wata 6 zuwa 11, da 200 000 UI ga yaro mai wata 12 zuwa 59, kowane wata 4 zuwa 6. Dundumin rashin bitamin yakan sauka cikin kwana ɗaya ko biyu bayan an ba da magani. Hanta, ƙwai, man shanu, manja, mangwaro, kabewa da ganyen zogale duk suna cikin abincin da ke cika ajiyar.

5. Iyakar kalmar da shawarwari

Dundumi, kamar héméralopie, sunan alama ne, kuma alama ɗaya tana iya samun dalilai da yawa. Akwai cutar gado da ake kira « rétinite pigmentaire », wadda ƴan sanduna ke mutuwa a cikinta sannu a hankali. A 1990 Thaddeus Dryja da abokan aikinsa suka gano cewa wani nau'inta yana zuwa daga tangarɗa a ƙwayar gadon da ke gina rhodopsine. Wannan dundumi ba ya warkewa da hanta ko ƙwayar bitamin. Idan rubutunmu ya daidaita dundumi da rashin bitamin A kai tsaye, za mu yi wa irin waɗannan iyalai alkawarin da ba zai cika ba. Saboda haka muna ba da shawarwari huɗu:

a) A riƙe « dundumi » a matsayin kalmar fannu, da wannan bayani: raunin gani cikin haske kaɗan saboda gazawar ƴan sanduna.
b) A ƙara bayanin dalili idan an san shi: dundumin rashin bitamin A, dundumin gado.
c) A fassara faransanci héméralopie, hespéranopie da cécité nocturne, da ingilishi nyctalopia, duka da « dundumi ».
d) Duk inda aka ci karo da ɗaya daga cikin kalmomin girkancin nan biyu, a fara tantance harshen da aka rubuta takardar asali, sannan a duba ko jimlar tana maganar dare ne ko rana.

6. Kammalawa

Kwamitocin kalmomin fannu sukan fara da yanka kalmar faransanci gunduwa-gunduwa, su fassara kowane yanki. Misalin da muka duba ya nuna cewa wannan hanya tana iya shigo da ruɗanin da ya girmi faransanci kansa. Hanyar da ta fi aminci ita ce a fara da abin da kalmar ke nuni gare shi, a tambayi likita, sannan a nemi sunan da masu harshe suka riga suka ba shi. Aikin da muke ba ɗalibanmu shi ne su tattara, a karin harshen Ader, Gobir, Katsina da Damagaram, jimlolin da dundumi ke fitowa a cikinsu daga bakin iyaye mata da ungozomomi, tare da sauran sunayen ciwon ido, domin a gina jerin kalmomin da ma'aikatan lafiya za su iya dogara da shi.