Ji da Gani a Motar da Ba Direba: Wane Suna Za Mu Ba Na'urorinta?

Hausa ta kasa hanyoyin sanin abu kashi biyu, watau gani da ji. Sauti da wari da ɗanɗano da zafi duk jin su a ke yi. Wannan rabo zai taimaki malami wajen bayanin motar da ke tuƙa kanta.

Na'urorinta uku ne manya. Kyamara tana gani. Rada tana aika igiyar rediyo ta saurari amsa-kuwwa. Laida tana harba haske ta auna lokacin dawowarsa.

An ce gani ya kori ji, amma a nan karin maganar bai tsaya ba. A 2016, a Fulorida ta Amurka, wata motar Tesla ta kasa rarrabe farar tirela da hasken sama, mai motar ya rasu. A 2018, a Arizona, motar gwaji ta Uber ta hangi wata mata tana tura keke, ta yi ta sake shawara kan ko mene ne, har ta banke ta. Akwai kuma ruɗi na ganganci: a 2019 masu bincike na Tencent suka manna 'yan alamu a titi, motar Tesla ta karkata hannun da ba nata ba.

To, mu ɗora wannan mota bisa hanyar Ƙaura Namoda zuwa Shinkafi cikin hunturu. Hazo zai dushe kyamara, ƙura ta watsa hasken laida. Rada za ta ratsa hazon, amma da ƙyar za ta bambanta raƙumi da amalanke. Lalle sai an haɗa su, kowace tana shaidar 'yar'uwarta.

Saboda haka sunan da za a ƙirƙira ya ƙunshi ji da gani duka. Tsarin sunan kayan aiki, kamar mabuɗi da ma'auni, shi ne abin bi. "Magani" ya yi karo da na asibiti a rubuce, "majiya" kuwa 'yan jarida sun riga mu. Shawararmu ita ce "matsinkayi", jam'i "matsinkaya", domin a kan tsinkayi mutum daga nesa, a kan kuma tsinkayi murya. Sa'an nan tsinkaya ba ta kai tabbas ba, ɗalibi kuwa ya kamata ya san haka tun daga sunan.