Uwargida, Ki Saurari Kukan Motarki Kafin Ki Kira Makaniki

 Yau filin namu zai fita daga madafa ya leƙa gareji. Na san wata za ta ce ina ruwan mace da baƙin mai da sifana. To, ki yi haƙuri ki karanta tukuna. Gidaje da yawa yanzu akwai mota, wata ta maigida ce, wata kuwa ta uwargida ce da kanta. Mota kuma ba ta zaɓen lokacin da za ta ƙi tashi. Tana iya ƙi da tsakar dare, maigida ya yi tafiya, ga yaro jikinsa ya yi zafi, ko ga maƙwabciya naƙuda ta kama ta. Gari na wayewa kuma sai a ce miki a kawo kuɗin sabon kik gaba ɗaya, alhali sau da yawa abin da ya lalace wani ɗan ƙarfe ne da bai wuce cikin tafin hannunki ba. Sunansa bendis. A kansa za mu yi magana yau, yadda za ki gane shi ne ya lalace, da yadda ake sake shi a gida.

Mene ne bendis?

A zamanin da, da hannu ake tayar da mota. Akan zura wani lanƙwasasshen ƙarfe ta gaba a yi ta juyawa har inji ya kama, in kuwa injin ya yi tutsu ya juyo baya, sai ƙarfen ya karya hannun mutum. A shekarar 1912 ne kamfanin Cadillac na Amurka ya fitar da mota mai tashi da wutar batir, aikin wani injiniya mai suna Charles Kettering. Wannan na'ura ita ce muke kira kik. Daga baya wani mai suna Vincent Bendix ya ƙago ɗan giyan da ke haɗa kik da inji, aka sa shi a motar Chevrolet a 1914. Daga sunansa ne makanikai suka samo kalmar bendis, kuma har yau haka suke kiransa, ko da yake ƙirarsa ta canja.

Ga yadda yake aiki. A bayan inji akwai wani babban faifan ƙarfe mai haƙora fiye da 100 a gefensa, ana ce masa filawil. Shi kuma bendis ƙaramin giya ne mai haƙora kamar 9 zuwa 11, yana zaune a kan sandar kik. Idan kin murɗa makulli, wani ɗan gwangwani da ke kan kik, watau solanoyid, sai ya tura bendis gaba haƙoransa su shiga na filawil, kik ya juya, inji ya kama. Da kin saki makulli sai ya koma mazauninsa.

A cikin bendis akwai wata dabara irin ta keken hawa. Kin san idan ana taka feda keke yakan tafi, idan an daina takawa kuma taya takan ci gaba da gudu ba tare da ta ja ƙafa ba. Haka bendis yake: yana riƙewa ta gefe ɗaya, yana sakewa ta ɗaya gefen, domin kada inji in ya tashi ya ja kik da gudun da zai wargaza shi. Idan wannan riƙo ya cinye, ko haƙora suka gutsure, sai mota ta ƙi tashi.

In kunne ya ji

Hausawa sun ce in kunne ya ji, jiki ya tsira. Ki kashe rediyo, ki sauke gilashi, ki murɗa makulli ki saurara. Kukan iri huɗu ne.

Na farko, kik yana gudu fiii kamar fanka ko injin niƙa da babu hatsi a ciki, amma inji bai motsa ba. Wannan ita ce babbar alamar bendis. Ko dai riƙonsa ya cinye yana zamewa, ko kuwa datti ya hana shi fitowa ya kama filawil.

Na biyu, ƙara mai ƙarfi kamar ana gurza ƙarfe da ƙarfe. Haƙora ne suka cinye, na bendis ko na filawil, ko kuwa notunan da ke riƙe da kik sun kwance.

Na uku, inji ya tashi kin saki makulli, amma wani kuka mai tsini ya ci gaba. Bendis ne ya maƙale bai koma ba. Ki kashe mota nan take, domin barinta haka yana ƙone kik.

Na huɗu, ki ji ƙas sau ɗaya, ko ƙas-ƙas-ƙas da sauri, ko kuwa shiru. Wannan ki ƙyale bendis, ki duba batir da kawunansa. Ki kunna fitilun gaba, wani ya tsaya ya duba, ki murɗa makulli. Idan hasken ya dushe kamar zai mutu, galibi batir ne ya yi sanyi ko kawunansa sun yi farin gari irin na kanwa. In kuna da mitar awon wuta, batir mai cikakken caji yakan nuna wajen 12.6. Mutane da yawa sun sayi kik alhali wanke kan batir kaɗai ake bukata.

Shiri kafin a taɓa kome

Kayan aikin ba su da yawa: sifanoni da soket, sukudireba, filaya, ƙaramar guduma, tsumma, giris kaɗan, da faranti na zuba notuna. Ki samo mai taimaka miki, ɗiyarki ko ɗanki, domin kik yana da ɗan nauyi.

Ga gargaɗi, kuma kada ki ɗauke shi da wasa. Ki cire zobe, awarwaro, agogo da sarƙa. Wutar batir ba ta jan mutum kamar ta gida, amma idan ƙarfe ya haɗa kan batir da jikin mota yakan yi ja wur nan da nan, ya ƙone yatsa. Ki ajiye gyale, ki ɗaure ɗankwali tamau, ki sa riga marar faɗin hannu. Ki bari inji ya huce. Ki tsayar da mota a wuri mai daidai, ki ja birkin hannu, ki sa wa tayoyi waigi. Idan sai an shiga ƙarƙashi kafin a kai ga kik, kada ki yarda ki dogara da jak shi kaɗai, sai an tokare motar da ƙafafun ƙarfe da aka yi domin haka. Bulo yana farfashewa. In babu ƙafafun, ki bar wa makaniki ya ciro miki kik ɗin, ke ki yi sauran aikin a kan tebur.

Ciro kik

Abu na farko, ki kwance kan batir mai alamar ragewa, wanda wayarsa ke haɗe da jikin mota, ki kawar da ita gefe. Sa'an nan ki bi wayar nan mai kauri da ta fito daga ɗaya kan, za ta kai ki ga kik, a inda inji ya haɗu da akwatin giya. Ki ɗauki hoton wayoyin da wayar hannunki kafin ki taɓa su. Ki cire babbar waya da ƙaramar, ki kwance notuna biyu ko uku da ke riƙe da shi, ki tallafe shi ki zaro.

Yanzu ki gwada bendis da yatsunki. Ki juya ɗan giyan ta gefe ɗaya, ya kamata ya tafi sumul. Ki juya ta ɗaya gefen, ya kamata ya cije, sai dai sandar ta juya tare da shi. Idan yana tafiya ta kowane gefe, ko ya ƙi tafiya ta ko'ina, ko yana gargada, ya mutu. Wani lokaci yakan cije a hannu amma ya zame in ya ɗauki nauyin inji, saboda haka kukan nan na fiii shaida ne ko da gwajin hannu bai nuna kome ba. Ki duba haƙoransa, ko sun gutsure ko sun yi dasashi.

Kada ki manta da ramin da kika ciro kik. Ki haska tocila ki duba haƙoran filawil, mai taimaka miki yana juya inji sannu da sifana ta gaba. Inji mai silinda huɗu yakan yawan tsayawa a wurare biyu, don haka a nan haƙoran suka fi cinyewa. Idan kin ga sun lalace ƙwarai, aikin ya wuce gida, domin sai an sauke akwatin giya. Sabon bendis a kan gutsurarren filawil ba ya daɗewa.

Sayen sabo

Ki aika da tsohon ko ki tafi da shi kasuwar kayan mota, kamar Ƙofar Ruwa a Kano ko Panteka a Kaduna. A aza su gefe da gefe. A ƙirga haƙora, a gwada tsawo da faɗi, a duba zanen da ke cikin ramin, a kuma tabbata ta gefe ɗaya suke cijewa. Wanda ke cijewa ta wani gefe dabam zai shiga daidai, amma ba zai tayar da mota ba. A haɗo da sabon ɗan zoben waya mai riƙe shi.

Sake bendis

Ki shimfiɗa jarida, ki riƙa jera duk abin da kika cire bi da bi, yadda kike yi in kina share keken ɗinki. Ki yi wa jikin kik alama da alli domin ki mayar da shi yadda yake. Ki cire gajeriyar wayar da ta haɗa solanoyid da jikin kik, ki kwance solanoyid ɗin, ki lura da sifirin da ke cikinsa kada ya yi tsalle. Sa'an nan ki kwance dogayen notuna biyu da suka ratsa kik daga baya, ki zare murfin gaba. Za ki ga wani ƙarfe mai yatsu biyu rungume da bendis, shi ke tura shi. Ki lura sosai da gefen da ya fuskanta. Ki yi ƙoƙari kada ki zaro sandar tsakiya daga mazauninta na baya, domin akwai ƙananan gawayi da ake kira buroshi, mayar da su yana da wahala.

A bakin sandar akwai wani zobe mai kauri da ke tare bendis. Ki sa soket da ya yi daidai da shi, ki ɗan buga da guduma ya sauka ƙasa. Sai ɗan zoben waya ya bayyana cikin wani tsagi. Ki ɓanɓare shi da sukudireba, kina kare idonki da hannu, sa'an nan ki zare zobe mai kauri, ki zare bendis.

Ki goge sandar tas, ki shafa giris kaɗan a kan zanenta. Kaɗan fa, domin giris mai yawa yana tara ƙurar hunturu ya zama laka, bendis ya maƙale. Kada ki jiƙa sabon bendis cikin fetur ko kananzir, domin akwai maiƙon da aka rufe a cikinsa tun daga masana'anta, in ya wanke ba a iya mayar da shi. Ki zura sabon, ki sa zobe mai kauri, ki danna zoben waya cikin tsaginsa, sa'an nan ki jawo mai kaurin sama da filaya har ya hau kansa ya kulle. Ki mayar da sauran kaya daga na ƙarshe zuwa na farko. Ki ɗaure kik a mota tamau, ki mayar da wayoyi kina duba hotonki, kan batir shi ne na ƙarshe.

Wasu motocin na baya-bayan nan kik ɗinsu yana da ƙarin giyoyi a ciki, kuma bendis ɗin yana kan wata sanda dabam. Idan kin buɗe kin ga haka, ki rufe ki kai wa mai gyaran wutar mota, amma ki faɗa masa abin da kika ji da abin da kika gani. Motoci masu haɗa fetur da babban batir kuwa, irin su Toyota Prius, ba su da irin wannan kik, kuma wayoyinsu masu launin ruwan lemo suna ɗauke da wuta mai kisa. Kada ki taɓa su.

Domin ya daɗe

Kada ki murɗa makulli fiye da daƙiƙa 10 a jere, ki bari kik ya huta kafin ki sake. Kada ki murɗa inji yana aiki, ko kafin ya gama tsayawa, nan ne haƙora ke karyewa. Idan bendis ya fara zamewa yau ya kama gobe, kada ki jira ranar da zai ƙi sam. Mota mai kuloci ana iya tura ta ta tashi, amma mai canja giya da kanta ba ta tashi da turi, duk inda ta tsaya nan za ki kwana.

Ku 'yan makaranta, ga abin da za ku riƙe. A shekarar 1888 wata mata a Jamus, Bertha Benz, ta ɗauki motar da mijinta ya ƙera, ita da 'ya'yanta maza biyu, ta yi tafiyar fiye da kilomita 100 daga Mannheim zuwa Pforzheim. Ba a taɓa yin doguwar tafiya irin wannan da mota ba kafin ita. Da bututun mai ya toshe a hanya, da tsinken hularta ta zazzage shi ta ci gaba. Don haka idan mama ko baba sun buɗe gaban mota, ku matso ku riƙe musu tocila, ku yi tambaya.

Ke kuma uwargida, ko da ba za ki taɓa sifana da kanki ba, ki iya cewa makaniki, "Malam, kik yana gudu amma bai kama inji ba, a duba bendis, kuma a kawo mini tsohon in gani." Wannan magana kaɗai tana iya tsare miki kuɗin cefane na kwanaki. Allah ya kiyaye mu a hanya, sai mun sake saduwa a wannan fili.