Ƴar tsanar Turawa a hannun mai kitso

Duk wanda ya ratsa Kasuwar Malam Atta ya ga masu kitso da gashin kanti a rataye. Mun saba gani har mun daina lura. Abin da ido ya saba da shi ɗin nan ne Akosua Adoma Owusu ta tono a gajeren fim ɗinta na 2009, Me Broni Ba, wanda ta ɗauka a shagunan kitso na Kumasi. Ba jarumi, ba soyayya. Mata ne kawai ke koyon kitso a kan fararen ƴan tsana da Turawa suka yar. Kana kallo hankalinka ya ƙi kwanciya: to, ƴarmu da ke goya irin wannan tsana a Nima ko Maamobi, wace fuska take ɗauka kyakkyawa?