Tunani huɗu masu juya zuciya a addinin Buddha: me bincike ya gano a kansu?

Idan ka ji an ambaci addinin Buddha, wataƙila abin da ke zuwa maka a rai shi ne mutum ya tanƙwashe ƙafa, ido a rufe, yana bin numfashinsa. Amma a Tibet ba daga nan ɗalibi ke farawa ba. Kafin a koya masa wannan zama, sai an sa shi ya daɗe yana jujjuya abubuwa huɗu a ransa, waɗanda suke kira tunani huɗu masu juya zuciya. Dalilinsu shi ne mutum ba ya ɗorewa a kan horon kai idan bai ga abin da zai sa ya yi shi yau ba.

Tsarin ya daɗe. Gampopa, wanda ya rayu daga 1079 zuwa 1153, ya yi bayanin waɗannan batutuwa a rubuce-rubucensa, haka ma Patrul Rinpoche (1808 zuwa 1887) a littafin da har yau ake karantar da masu fara wannan hanya.

Na farko, darajar samun kai a matsayin ɗan Adam. Littattafansu sun lissafa sharuɗɗa 18, irin su lafiyar gaɓoɓi da hankali, da samun malami, da sararin yin karatu. Suna buga misali da makahon kunkurun ruwa da ke leƙowa saman teku sau ɗaya a shekara 100, ga kuma karkiyar shanu mai rami ɗaya tana yawo a kan ruwan. A ganinsu, samun wannan rayuwa ya fi wuya a kan kunkurun ya dace ya zura wuyansa a ramin.

Na biyu, komai mai ƙarewa ne. Mutuwa tabbas ce, lokacinta ba a sani ba, kuma ranar da ta zo dukiya da dangi ba sa bin mutum. Na uku shi ne karma, wato kowane aiki da aka yi da niyya yana da sakamako. Na huɗu, rayuwar da ake ta maimaitawa, wadda suke kira samsara, ba ta ƙosar da kowa, domin daɗin ma yakan juye ya zama damuwa.

Ka lura da jerin. Na farko ya nuna maka kana da abu mai tsada, na biyu ya ce zai kuɓuce maka, na uku ya ce abin da ka yi da shi zai biyo ka, na huɗu ya ce kada ka ɓatar da shi wajen bin abin da ba ya ƙosarwa. Zancen sake haihuwa da karma mai tsallake rayuwa zuwa wata aƙida ce, ba abin da ake aunawa a ɗakin gwaji ba. Amma abin da tuna mutuwa ke yi wa halin mutum, da yadda daɗi ke gushewa, waɗannan masana halayyar ɗan Adam sun gwada su.

Mu fara da na huɗu. A 1978 Philip Brickman da abokan aikinsa suka yi hira da mutum 22 da suka ci maƙudan kuɗi a cacar lotiri a Amurka. Farin cikinsu bai wuce na waɗanda ba su ci komai ba da wani abin a zo a gani, kuma ƙananan abubuwan yau da kullum, kamar karin kumallo ko hira da aboki, ba sa yi musu daɗi kamar yadda suke yi wa sauran. Mutanen ba su da yawa, amma binciken da ya biyo baya ya nuna lallai mukan saba da abin da muka samu. Ka tuna yadda ka ji ranar da ka sayi sabuwar waya, da yadda kake jin ta bayan wata uku.

Zancen mutuwa ya fi rikitarwa. A 1989 wasu masana suka gwada alƙalai 22 a birnin Tucson na jihar Arizona. An sa wasunsu su rubuta 'yan layuka game da mutuwarsu, sauran ba a sa su ba, sannan aka ba kowa shari'ar kwaikwayo ta wata mata da ake tuhuma da karuwanci. Waɗanda aka tuna wa mutuwa suka sa belin dala 455 a matsakaici, sauran kuwa dala 50. Ka ga a nan tuna mutuwa tsanani ta ƙara musu. Sai dai ka riƙe wannan da hannu biyu: da ɗakunan bincike da dama suka haɗu suka maimaita wani shahararren gwaji mai irin wannan tsari, sakamakon da aka buga a 2022 bai nuna wannan tasiri ba.

Laura Carstensen ta Jami'ar Stanford ta bi ta wata hanyar. An tambayi mutane: kana da rabin awa, da wa za ka so ka zauna, ɗan'uwa na jiki, ko wani sabon sani, ko marubucin littafin da ka gama karantawa? Tsofaffi sun fi zaɓar ɗan'uwa. Matasa kuwa sai da aka ce su ɗauka za su ƙaura zuwa wuri mai nisa, sannan su ma suka koma ga na jiki. Wato ganin lokaci ya ƙure yana sauya abin da mutum ke ba wa muhimmanci, kuma wannan shi ne aikin da malaman Tibet ke son tunani na biyu ya yi.

To, masu zaman zuhudu na Tibet ɗin fa, sun daina tsoron mutuwa? A 2018 Shaun Nichols da Nina Strohminger da abokansu suka buga binciken da ya kwatanta su, a gidajen ibadarsu da ke Indiya, da mabiya Hindu, da Amurkawa, da sauran mabiya Buddha da ba sa zaman zuhudu. Masu binciken sun zaci su ne za su fi kowa ƙarancin tsoro. Sai ga shi su suka fi kowa nuna tsoron gushewar kansu bayan mutuwa. Bincike ɗaya ne, na amsa tambayoyi, amma ka tuna littattafan nasu ba kwantar da hankali suke nufi da wannan tunani ba. So suke ɗalibi ya firgita daidai yadda zai tashi ya yi aiki, shi ya sa darasin sakamakon aiki ke biyo bayansa nan take.

Saboda haka idan ka ga manhajar waya ko wani mai koyarwa na tallar "tuna mutuwa" a matsayin maganin damuwa, ka yi hattara. Hujjar da ta fi ƙarfi ita ce wannan tunani na iya sauya yadda kake raba lokacinka da waɗanda kake ba shi. Ba a tabbatar yana kawar da tsoro ba. Wanda kuma ke fama da ciwon damuwa, ko tunanin mutuwa ke hana shi barci, wurin likita ya kamata ya fara zuwa.