Tawadar da ke Mayar da Amsa

A wani darasi na nazarin adabi, wata ɗaliba ta tambaye ni dalilin da ya sa marubutan almara na Turai da Amurka suka ƙwallafa rai a kan tawada mai sihiri, alhali a duniyoyin da suka ƙaga ana iya isar da saƙo kafin ƙiftawar ido. Amsar da na ba ta a ranar ba ta gamsar da ni ba, shi ya sa na dawo da zancen a nan.

A littafin The Hobbit na J.R.R. Tolkien, wanda ya fito a 1937, akwai wata taswira mai ɓoyayyun haruffa da aka rubuta da alƙalamin azurfa. Ba sa bayyana sai hasken wata ya ratso ta bayan takardar, shi ma sai siffarsa da lokacin shekara sun dace da na daren da aka yi rubutun. Aikin tawada a nan shi ne tsare sirri har mai rabo ya zo. Shi kuwa Brandon Sanderson, a littafinsa The Way of Kings na 2010, nisa ya yi wa magani. Alƙalami biyu ne da aka haɗa da dutsen yaƙutu guda wanda aka raba gida biyu. Idan aka yi rubutu da ɗaya, sai ɗan'uwansa ya motsa a wata ƙasa mai nisa ya zana kalmomin nan take.

Misalin da ya fi ɗaukar hankalina yana cikin littafi na biyu na jerin Harry Potter, wanda J.K. Rowling ta fitar a Ingila a 1998. Wata yarinya 'yar shekara 11, Ginny Weasley, ta tsinci wani tsohon kundin sirri a cikin littattafanta na makaranta. Duk abin da ta rubuta, takardar sai ta shanye tawadar, sannan amsa ta fito cikin lafazi mai taushi. Ta samu wanda ke saurarenta ba gajiya, ba ba'a, don haka ta zazzage masa cikinta. Ashe mai amsawar Tom Riddle ne, wanda ya ajiye wani yanki na ruhinsa a kundin shekara 50 da suka gabata. Tana ba shi sirrinta yana ƙara ƙarfi, ita kuma tana ƙanjamewa, har ya juya ta ta aikata ɓarnar da ba ta san ta yi ba. Abin lura shi ne, bai taɓa tilasta mata ta buɗe kundin ba. Kaɗaici ne ya riƙa mayar da ita.

Bahaushe ba baƙo ba ne ga ganin girman tawada. Wanda ya yi makarantar allo ya san yadda ake haɗa ta da gawayi da ƙaro, ya kuma san cewa ba a zubar da wankin allo a inda ake takawa. Ba ina daidaita wannan da sihirin almara ba ne. Abin da nake nufi shi ne, al'adarmu ta san rubutu yana shiga mutum, don haka ake tambayar wanda ya yi shi kafin a karɓa.

Wannan tambaya ce muka daina yi. Yau yaro yana kwana da waya a hannu, yana rubutu, rubutun yana ɓacewa cikin gilashi, amsa tana dawowa. Wani lokaci daga baƙo ne da ya sauya suna a Facebook, wani lokaci daga manhajar da aka gina don ta yi hira kamar mutum. Kundin Ginny ke nan, sai dai wannan ana sayar da shi a kowace kasuwa.

Ba na kiran a ƙwace wayoyi, domin alƙalamin Sanderson ma yana cikinsu, da shi muke gaisawa da 'yan'uwa na nesa. Sai dai a labarin Rowling, yarinyar tana da 'yan'uwa maza huɗu a makarantar, amma kusan shekara guda ta shuɗe babu wanda ya gano da wa take hira. Iyaye da malamai, mu zauna da yaranmu mu tambaye su cikin ruwan sanyi: wane ne ke mayar muku da amsa, kuma me ya sa kuka fi sakewa da shi a kanmu?