Ba Kowane Majigin Zane Ne Na Yara Ba

Duk wanda ya tashi a birnin Bauchi, ko a Jahun ko a Nasarawa, ya san tatsuniyar 'yar bora da 'yar mowa. 'Yar bora ta yi ladabi, aka ba ta ƙwai, ta fasa, ta komo gida da dawaki da dukiya. 'Yar mowa ta bi sahunta da rashin kunya, ta fasa nata, sai ga kutare da makafi bisa jakuna sun rako ta gida. Yara su yi dariya, amma tsoro ya shige su.

To, ashe mutanen Japan ma suna da irin wannan a majigin zanensu, wanda yanzu yara ke kallo a wayar hannu, a Bauchi da Ikko da Badun.

Tun cikin 1966 suka fara nuna labarin yarinya mai tsatsuba a talabijin, watau Sally. A 1992 aka fito da Sailor Moon, wadda ta zaga duniya. Tsarin labarin kusan ɗaya ne: wata 'yar dabba ta ba 'yar makaranta abin tsafi, ta rikiɗa cikin ado, ta kori mugaye.

Da abin ya yi yawa, sai waɗansu suka juya shi, suka mai da shi abin ba'a. A 2006 aka yi Dai Mahou Touge, inda gimbiya Punie mai fara'a ke karya abokan gabarta da kokawa, har dankalin da ta hura wa rai ya feƙe kansa don a yi miya da shi. A Mahou Shoujo Ore na 2018, yarinya ce ke rikiɗa ta zama ƙaton namiji cikin rigar mata.

Madoka Magica na 2011 kuwa, mai kashi 12, babu wasa a cikinsa. Wata farar dabba mai kama da kyanwa tana biya wa yarinya buƙata ɗaya, ladanta kuwa ran yarinyar. A kashi na uku aka cire wa ɗaya daga cikinsu kai.

Ga inda gizo ke saƙar. Zanen duka iri ɗaya ne, manyan idanu da launi mai kyau, har uba ya leƙa ya ɗauka wasan yara ne. Alhali don matasa da manya aka yi waɗannan na baya.

Tatsuniya tana da kaka a gefe, mai sassauta murya in ta ga jika ya firgita. Waya ba ta da wannan. Saboda haka magidancin da ke neman abinci a Kurmi, in zai aika wa iyali waya gida, lalle ya haɗa da saƙo: wani babba ya riƙa zama da yara, ya ga ƙwan da suka ɗauka kafin su fasa.