Asirin Gida da Matsayi a Finafinan da Ba Su da Magana

Manufar wannan takarda ita ce ta nuna yadda finafinan farko, waɗanda ba a jin muryar kowa a cikinsu, suka sarrafa asirin gida domin bayyana wane ne babba, wane ne talaka. Tun da yake babu magana, tilas asiri ya sami jikin da ido zai gani, watau wasiƙa, ko zobe, ko tabo.

Alal misali, a 1920 wani baƙar fatar Amurka, Oscar Micheaux, ya fito da Within Our Gates. Sylvia Landry ta tashi a hannun manoma baƙaƙe masu noma a gonar wani Bature. Bayan da gungun Turawa suka rataye mariƙanta, sai ɗan'uwan mai gonar ya kai mata farmaki da niyyar fyaɗe. Tabon da ya gani a ƙirjinta shi ya tsayar da shi, domin ta nan ya gane 'yar cikinsa ce. Bahaushe ba ya bukatar dogon sharhi a nan, don ya san yadda tsagar fuska kan faɗi asalin mutum tun bai buɗe baki ba. Abin lura shi ne, mai dukiya ne ya shuka asirin, amma marar gata ce take ɗauke da shi a jikinta. An daɗe ana zaton fim ɗin ya ɓace, sai aka tsinci kwafe guda a Sifen, aka gyara shi a 1993.

To, mu dawo gida. A 1926 Geoffrey Barkas ya fito da Palaver, wanda ya ɗauka a tsaunukan Filato, a cikin mutanen Sura da Angas, shekara tara bayan Kaduna ta zama hedkwatar lardunan Arewa. Akwai bambancin matsayi a cikinsa, amma tsakanin Turawa ne: Di'o Allison mai kamun kai, da Fernandez mai haƙar kuza, mashayi, suna takara a kan wata nas. 'Yan ƙasa kuwa sarki ne, da boka, da taron masu kibau. A ganina wannan ita ce ƙasƙantawa mafi tsanani a fim ɗin, domin kyamarar Barkas ba ta ɗauke su mutanen da ke da cikin gida ba, balle a ce suna da asirin da za a rufa ko a tona.